Ungulu a Ƙofar Goggo

Zuwa ga taubashiyata,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kina lafiya, ke da yara da ma'aikatanki. Mu nan kalau muke, sai hawan jinin nan da ke ɗan taɓa ni, da aikin tashar jiragen ruwa da ba ya barin mutum ya numfasa. Maiɗakina tana gaishe ki. Na rubuto ne saboda kin daina ɗaukar wayata, direban da ke kawo mana kaya kuma ya ce ta gaban yadinki, filin da kike tara kayan tsofaffin gidaje, yake wucewa.

Kin dai ji hukuma ta shafa wa gidan Kaka jan fenti. Sun ce bango ya tsage, bene ya lotsa, ko a gyara ko a rushe kafin damina ta kankama. Takardun gidan suna hannuna tun rasuwar Baba, don haka ni suke nema. Na yi tunani na ga gyaran wahalar banza ce. Gidan nan ƙwallon mangwaro ne, a yar a huta da ƙuda.

Damuwata Goggo ce. Ita kaɗai ta rage a ciki, a ɗakin ƙasa, daidai ƙarƙashin inda ya lotsa, kuma ta rantse ba ta fita sai a makara. Na gyara mata ɗaki a nan, da banɗaki a ciki, da fanka. Na lallashe ta har bakina ya bushe, ko gezau.

To ga inda kika shigo, tunda sana'arki ce. Ki je ki cire abin da ke da daraja kafin katafila ta zo: tagogin nan masu gilashi mai launi, da ƙarfen matakala, da babbar ƙofa. Ƙofar ki aiko mini, sauran ki riƙe. Ki fara da tagogi. In Goggo ta ga iska na shiga ta ko'ina za ta gane zama ya ƙare, ta haƙura ta taho, ba tare da wani ya ɗaga mata murya ba.

Ki duba maganar da idon basira, ki bar zafin kan nan naki.

Taubashinki

*

Taubashi,

Gaisuwa, tunda an ce da ita ake farawa. Muna lafiya. Yara sun girma sun fi ƙarfin tambaya, ma'aikata suna nan, gwiwata ta hagu ce kawai ke yi mini tsiya in na hau tsani. Hawan jininka Allah ya sawwaƙe. Ka rage gishiri, ka kuma rage ba da shawara. Ka gaida maiɗakinka, ita ba ta yi mini komai ba.

Wayarka na daina ɗauka ne don kana katse mutum a tsakiyar magana. Takarda ba a katse ta, sai dai a yaga, kuma na san ka da son jin ƙarshen zance.

Na karanta wasiƙarka a tsaye, na sake karanta ta a zaune, don in tabbata ba gajiya ce ta juya mini haruffa ba. In gidan ne ƙwallon mangwaro, wace ce ƙudan? Ka yi tunani kafin ka ba ni amsa.

Bari in gaya maka abin da nake yi, tunda a wajen dangi ni mai tsince-tsince ce a kango, wadda ta yi karatu ta ƙare a bola. Ranar da aka rushe ɗakin karatun da na yi wa aiki rabin rayuwata, ina tsaye katafila ta bi ta kan kantocin littattafai, katakon da ya girmi iyayenmu, ta mai da shi makamashi. Tun daga ranar nake riga ta shiga gini. In an yanke wa gida hukunci, in shiga da mutanena mu kwance shi daga sama zuwa ƙasa, saɓanin yadda aka gina shi. Ƙofa, taga, tayil, ginshiƙi, sakata, duk mu cire a hankali, mu zare ƙusoshi, mu kankare fenti, mu jera a yadi har wani mai gini ya zo ya ba su sabon gida. A unguwanni ana ce mini Ungulu, don in aka ga motata ta shigo layi an san wani gida ya mutu. Ban damu ba, na ma sa an rubuta a jikin motar.

Amma ungulu ma tana jira rai ya fita. Ƙa'ida ɗaya gare mu a wannan aiki, kuma ko ɓarawon cikinmu ya san ta: ba a zare ko ƙusa daga gidan da ake kwana a cikinsa. Kai kuwa so kake in je in kwance wa ƙanwar uwata tagogi, iska da ruwa su yi maka aikin da bakinka ya kasa. Na karanta tarihin yaƙe-yaƙe da dama. Haka ake yi wa birnin da ya ƙi buɗe ƙofa, a tare masa ruwa, a zauna a jira. Ban taɓa cin karo da inda aka yi wa tsohuwa mai dogara sanda ba, sai a wasiƙarka. Kuma har ka iya cewa a aiko maka da ƙofa. Ana jimamin mutuwa kana tambayar inda mamaci ya ajiye takalmi.

Jiya na je gidan. Ban gaya wa Goggo abin da ka rubuto ba, kunya ta hana ni, kunyarka. Na bar ta tana ba ni labarin maƙwabta, na bi katakan da ƙaramar guduma ina ƙwanƙwasawa ina saurare, na hau sama na leƙa rufi. Na ga abin da na gani. Ba zan yi maka bayani ba, tunda kai daga bakin teku kake hango tsagar bango, kamar boka.

Na san abin da zan yi, kuma ba izininka nake nema ba. Mako mai zuwa zan je gidan da motata da mutanena.

Ungulu

*

Taubashiya,

Ina gaisuwa, da fatan gwiwar ta yi sauƙi. Ki riƙa shafa man zafi, ki bar hawan tsani wa masu ƙuruciya. Mu lafiya lau.

Wasiƙarki ta iso, na sha dariya. Na karanta wa maiɗakina wurin ƙudan nan, har ta zubar da shayi. Na san ki tun muna yara: sai kin zage mutum tas, sannan ki yi masa abin da ya roƙa. Na tsallake zagin na je ƙarshe, na ga mota da mutane. Allah ya yi miki albarka, na san ba za ki ba ni kunya ba.

Don in sauƙaƙa miki, na kira Goggo na gaya mata kin yarda, kina nan zuwa da motarki, ta fara haɗa kayanta. Ba ta ce komai ba, wanda nake gani alama ce mai kyau. Na sanar da sauran dangi. Na kuma yi magana da mai katafila, ya ce da zarar kin gama ki yi masa waya.

Ƙofar a naɗe ta da bargo, kada zanen ya goge a hanya.

Taubashinki

*

Taubashi,

Muna lafiya, in lafiya ce mutum ya wuni a tsugune a ƙofar ɗaki yana magana da sakata. Ina fata kai ma kana lafiya, don ina so ka karanta wannan da ƙarfinka.

Motar direbanka ta lalace a hanya, wasiƙarka ba ta iso ba sai bayan ɓarnarta ta riga ta iso. Da na same ta a kan kari da na san abin da ke jirana.

Na shiga layin da motata shaƙe da kaya an rufe da tamfol: jak-jak na ɗaga nauyi, ƙarafan tokara, katakai, igiya. Kafin in kashe mota mutane sun fito. Mai gyaran takalmi na ƙofar gida, wanda kullum yake tashi ya gaishe ni, ya sunkuyar da kai kan aikinsa. Wata daga saman benen maƙwabta ta ce da maƙwabciyarta, yadda zan ji, ungulu ba ta jewar banza, yau har naman gida za ta ci. Ban gane ba. Na shiga na tarar Goggo ta kulle kanta a ɗaki.

Na yi sallama, shiru. Na ƙwanƙwasa. Can ta ce, "Har da ke? Ni na goya ki."

Na ce, "Goggo, ki leƙo ta taga ki ga motar, cike take. Da ɗauka na zo yi, da wofi zan zo da ita."

Ta ce, "Mahauci ma da kayan aikinsa yake zuwa."

Daga nan ba ta ƙara ce mini uffan ba. Maƙwabciya ce ta gaya mini ka kira, da abin da ka faɗa da sunana. Ita ke miƙa mata abinci ta taga yanzu. In na kawo nawa sai ya dawo yadda na kai shi.

Ka tsallake zagi ka je ƙarshe. Haka kake karanta takardun ofis ma? To saurara, yanzu zan yi maka bayanin da na hana ka, kuma a wannan laifina ne, da na rubuta dalla-dalla kamar mai koyar da ɗan aji ɗaya. Gyara na je yi. Gidan Kaka ba mutuwa yake ba, ciwo ɗaya gare shi. Indararon baya ya fashe tun ban san yaushe ba, ruwa yana bin bango yana shiga ramin da kan babban gungumen da ke ɗauke da bene yake zaune. Kan ya ruɓe, gungumen ya sauka, ya danne bango, bango ya tsage. Shi ke nan. Sauran katakan in ka buga su ƙara suke yi kamar ƙararrawa. Tushe bai motsa ba. Ban tsaya ga kunnena kaɗai ba, na kawo injiniyan da nake aiki da shi ya auna, ya ce abin da na ce, sai dai da lissafi.

Abin da za a yi, a tokare benen, a ɗaga shi, a zare ruɓaɓɓen, a sa wani. Amma gungumen ya ratsa ta saman gadon Goggo ne. Ba mai hankalin da zai taɓa shi tana ƙarƙashi. Ita kuma ta yi imani in ta taka ƙofar ɗakin nan ko na ɗan lokaci, za ta juyo ta tarar da fili. Ka ga abin da wayarka ta haifar: da can tana fita tsakar gida ta sha iska, ta zauna a ƙofa ta yi hira. Yanzu dare da rana tana kwance a wuri mafi haɗari a gidan, hadari kuma ya fara haɗuwa. Kai da ka ce tsoron kada ya faɗo mata kake yi, kai ka ɗaure ta a ƙarƙashinsa.

Ga abin da za ka yi. Ka kira ta ka ce ka ari bakina ka ci albasa. Ka kira mai katafilarka ka ce ya nemi wani aikin. Sannan ka sa hannu a takardar da na haɗo, ta neman hukuma ta dawo ta sake duba gidan bayan gyara, don ba sa sauraron kowa sai mai takardun gida. Ni 'yar mace ce, sai aiki, ba ni da ta cewa.

Wannan karon ka karanta har tsakiya.

Ungulu

*

Taubashiya,

Ina gaishe ki. Jikin nawa ba daɗi kwanan nan, likita ya ƙara mini magani, kuma ba sai na ce miki dalili ba.

Na karanta duka, har tsakiya. Na yarda na yi gaggawa. Na kira Goggo, tana jin muryata ta ce bakinmu ɗaya ni da ke, ta kashe. Na sake kira, maƙwabciya ta ɗauka ta ce an ce ba ta nan. Wannan na yi iyakar yina.

Amma hannu ba zan sa ba, mai katafila kuma ban sallame shi ba. Bari in gaya miki abin da ban rubuta a farko ba. Bara wani sito ya rufta a nan tashar, da rana tsaka, mutane suna ciki. Ni aka tsayar a wajen ina karɓar sunayen waɗanda ake zaƙulowa. Shi ma gyara shi aka yi. Shi ma akwai wanda ya ƙwanƙwasa ya ce lafiyarsa kalau, akwai injiniyan da ya yi lissafi. Tun daga lokacin in na shiga tsohon gini sai na ɗaga kai. In na kwanta sai in ga Goggo a ƙarƙashin wancan benen. Ki kira shi tsoro, ban musa ba.

Kuma ki yi haƙuri da abin da zan faɗa. Kin ƙware a kwance gini, na ji ana yabon ki. Amma kwancewa daban, tsayarwa daban. Za ki ɗauko wani tsohon katako daga wani mataccen gida ki ɗora a kan tsohuwa, ki ce in sa hannu. In ya sauka, sunana ne a takardar, kuma ni zan tsaya gaban dangi, ni zan tsaya gaban Allah.

Ke gidan kike so, taubashiya. Ba ki iya ganin tsohon katako ki kau da kai, kowa ya san haka. Ni Goggo nake so. Ki lallashe ta ta fito, ki sa ta a mota, ki kawo mini ita. Sauran duk itace ne da ƙasa.

Taubashinki

*

Taubashi,

Ka yi haƙuri da jinkirin amsa, hannuna bai zauna ba. Muna lafiya. Na damu da jin halin jikinka, da gaske, ba da wasan taubasai ba. Ka sha maganin. Labarin siton ma ya taɓa ni, kuma da shi ka fara tun farko maimakon zancen ƙofa da bargo, da wataƙila zagin ya ragu da rabi.

Amma ka ce ni gida nake so, kai Goggo. Wannan na ɗauke ta na yi ta juyawa kamar tsakuwa a takalmi. To ka taɓa tambayar ta me take so? Daga tagar nan take sanin wa ya haihu, wa ya yi tafiya, wa ya daina gaida wa. Mai gyaran takalmi yana kawo mata labarin layi kowace safiya, ita kuma tana gaya masa wanda bai kamata ya yarda da shi ba. A ɗakinka mai fanka wa zai gaishe ta, fankar? Ni na san abin da ke faruwa da abin da aka cire daga inda ya zauna. Yadina cike yake da su. Ƙofa takan jure. Mutum kuwa, na ga tsofaffin da aka kwashe daga gidajen da na kwance, kuma na je gaisuwar da yawansu kafin in sayar da tagoginsu. Kai kana so ta daɗe, ni ina so ta rayu. Ban ce ka fi ni ƙaunarta ba, ban kuma ce na fi ka ba.

Yanzu ga labari. Goggo ta fito.

Na yi ta zama a ƙofar ina magana ni kaɗai, in ba ta labarin indararo, in ba ta labarin gungume, har na fara jin kaina kamar rediyo. Wata safiya sai ta ce in turo makullin motata ta ƙarƙashin ƙofa. Na ce me za ki yi da shi. Ta ce motar da ba ta tashi ba ta ɗaukar gida. Na tura. Na ji ta zare sakata. Ta fito ta ɗaure makullin a bakin zanenta, ta sa aka kai mata kujera ƙofar gida, ta kafa doka: abu ya shiga, kada abu ya fita. Ko ɓaraguzai ba ta yarda ba. Tsakar gida ta zama tsauni. Rannan ta tsayar da kafintana ta sa ya zazzage aljihu, aka sami ƙusoshinsa da ya shigo da su, ta ƙwace. Tana kwana a ɗakin gaba, ni ina kwana a falo, tana sa sandarta a bakin ƙofa don in na motsa ta ji.

Ɗaga benen ba a yi shi rana ɗaya ba. Gidan da ya yi shekaru yana sunkuyawa kamar bayan tsoho yake, in ka miƙar da shi da ƙarfi karyewa zai yi. Kullum a murɗa jak kaɗan, kamar kaurin farce, a saurari gidan yana ƙara, a bar shi ya huta.

Ka raina tsohon katako. Sabo ɗanye ne, yana da ruwa a jiki, zai bushe ya ƙanƙance ya murɗe, bangon ya sake tsagewa. Tsoho ya gama rawar kansa tun kafin a haife mu. Wanda na sa, gungumen ɗakin karatuna ne, shi kaɗai na iya ja daga bakin katafila a ranar. Ya ɗauki bene cike da littattafai bai ce uhum ba, zai iya da gadon Kaka da tsofaffin akwatuna. Mutane da yawa sun taya shi, na ce ba na sayarwa ba ne. Ya fi ɗakin Goggo tsawo da kamu guda. Ni ban taɓa yanka tsohon katako don ya shiga wuri ba, wurin ake gyarawa, duk mai saye a wajena ya ji wannan huɗubar. Kafinta ya miƙo mini zarto ya ce shi ba zai yi ba, kada gobe in ce shi ne. Da hannuna na yanka.

Kuma ana cikin haka aka rushe tsohuwar silimar da na yi wata da watanni ina bin masu ita su bar ni in kwance kayanta. Matakalar ƙarfe mai murɗe, kujeru, fitilun bango. Mutanena suna kan jak ba a barin sa, motata tana bakin zanen Goggo. Na je da ƙafa na tsaya a tsallaken titi na kalli katafila ta bi ta kansu. Wannan ita ce matar da ba ta iya kau da kai daga tsohon kaya.

Direba zai ba ka ƙunshi. Abu biyu ne a ciki, na fito da su a jakata a ɓoye, in Goggo ta ji kashina ya bushe. Ɗaya kan ruɓaɓɓen gungume ne, ka matsa shi da yatsa. Ɗaya guntun da na yanke ne. Ka nemi guduma da ƙusa ka gwada. Takardar na sake haɗowa. Ba cewa na yi ka yarda da ni ba, cewa na yi ka bar hukumar da ta shafa fentin ta zo ta gani da idonta. In kana tsoron amsarsu, to ba rufin kake tsoro ba.

Ungulu

*

Taubashiya,

Gaisuwa. Jiki da sauƙi.

Na buɗe ƙunshin a ofis. Na farkon ya marmashe a hannuna ya ɓata mini takardu, na daɗe ina kallon sa, ina tuna a kan wa yake. Na biyun na ari guduma wajen masu gadi. Ƙusoshin da na samu duk sun lanƙwashe, na kuma daki babban yatsana, abokan aiki suna leƙowa suna tambaya ko lafiya.

Na sa hannu. Ba don na yarda kin yi daidai ba. Mai katafila na ce ya dakata, ban ce ya tafi ba. In hukuma ta ce a'a, ke za ki kawo mini Goggo da kanki, tunda ke take saurara yanzu, kuma ba za ki rubuto mini wata doguwar wasiƙa ba. Ki ba ni wannan alkawarin.

Ban ji daɗin abin da ya sami silimar ba.

Taubashinki

*

Taubashi,

Lafiya lau muke, gwiwa ma ta gaji ta yi shiru. Ka sa yatsan a ruwan sanyi.

Jami'ar hukuma ta zo. Ba ta yi mini fara'a ba, na kuma ji daɗin haka, don mai fara'a ba ya duba aiki. Ta hau sama ta yi tsalle a tsakiyar bene, ta sauko ta soki katako da tsinken ƙarfe, ta leƙa ramin da gungumen ya zauna, ta bi sabon indararo har inda yake zubarwa. Goggo tana biye da ita da sanda tana gaya mata wanda aka haifa a kowane ɗaki, ita kuma tana cewa to Mama, to Mama, ba ta daina rubutu ba.

Ga hukuncin, ba ƙari ba ragi, don kada ka tsallake. Ɗakunan ƙasa ta yarda a zauna. Sama a rufe har damina ta wuce. Ta liƙa wani siririn gilashi da siminti a kan tsagar bangon. In bango yana motsi gilashin zai fashe, in ya kai rani lafiya an gama magana. Alkawarin da ka nema ga shi: in ya fashe ni zan ɗauko Goggo in kawo maka, ko tana tsine mini duk hanya. Ba don kai ba. Ni ma ina ɗaga kai in na shiga ɗakin.

An yi ruwa mai ƙarfi shekaranjiya. Na je da sassafe, gilashin yana nan, bangon a bushe.

Jan fentin mai gyaran takalmi ne ya kankare shi, ba wanda ya sa shi. Ya dawo yana gaishe ni. Goggo ta koma ɗakinta. Ta kwanta ta daɗe tana kallon gungumen, ta ce ya fi na da duhu, kuma mun bar mata ƙura a kan kwanuka. Iyakar godiyar ke nan. Makullin ta ba ni bayan ta tsaya an loda ɓaraguzai a gabanta, tana tona su da sanda ko mun ɓoye wani abu.

Ta ce in rubuta maka cewa ta yafe maka, ka kira ta za ta ɗauka, kuma in ka samu hutu ka zo da maiɗakinka. Na rubuta, amana ta fita daga wuyana.

Ni ban yafe ba. Ita ta tsufa, sauri take yi. Ni ina da lokaci.

Ka sallami mai katafila.

Ungulu